Mai Jar Hula Daga Ɗanlasan: Rayuwar Ibro Da Bashin Da Yake Bin Mu

Ranar Laraba, 10 ga Disamba, 2014, Allah ya yi wa Rabilu Musa rasuwa a Kano, saura kwana biyu ya cika shekara 43 a duniya. In ka ambaci wannan suna haka kurum a tashar Kankiya ko a kasuwar Kusada, sai an tambaye ka wane Rabilun kake nufi. Amma ka ce Ibro, ko yaron da aka haifa bayan an binne shi zai fara murmushi tun ba ka rufe baki ba. Shi ba ɗan Kankiya ba, ba ɗan Kusada ba, ba ma ɗan Jihar Katsina ba. Duk da haka da wuya a nuna wani ɗan fim da mutanen wannan yanki suka riƙa a matsayin nasu kamar yadda suka riƙe shi. Manomi a Rimaye, mai shayi a Kafin Soli, matar aure a Mawashi, almajiri a Yashe, kowa ya san muryarsa, kowa yana da wani wasa nasa da yake tunawa.

Dalilin wannan riƙo ba ɓoyayye ba ne. A lokacin da yawancin finafinan Hausa suka mai da hankali kan gidan bene da motar alfarma da soyayya a cikin lambun furanni, Ibro ya tsaya a ƙofar zaure, kusa da turken akuya, ya ce nan ma akwai labari. Mutanen karkara sun ga kansu a talabijin ta dalilinsa. Masu ilimin boko da manyan masana'antar kuwa sun daɗe suna yi masa kallon mai shirme, kuma har yau ba su gama biyan shi haƙƙinsa ba.

Daga aji zuwa aikin gandiroba

An haifi Rabilu Musa a 1971 a Ɗanlasan, cikin Ƙaramar Hukumar Warawa ta Jihar Kano, ba nisa da Wudil. A ƙauyen ya yi firamare, sannan ya wuce Kwalejin Horon Malamai ta Wudil. Wato dai alli da allo aka shirya masa. Amma a 1991 sai ya shiga aikin gidan yari, ya yi shekara takwas yana gandiroba kafin ya ajiye kaki ya rungumi wasan kwaikwayo gaba ɗaya.

Mutane kan ambaci wannan aiki nasa su wuce, alhali a ganina nan ne makarantarsa ta gaskiya. Gandiroba yana kwana yana tashi da ɓarawon akuya da ɗan damfara da wanda bashi ya kawo da wanda aka yi wa sharri. Yana jin yadda mai laifi ke rantsuwa, yana ganin yadda matsoraci ke cika baki in ya ga babu mai taɓa shi, da yadda yake laushi in an ɗaga kulki. Duk wanda ya kalli Ibro yana fitowa a ɗan sanda ko alƙali ko ɓarawon da aka kama da kaza a cikin riga, zai gane cewa wannan mutum ba a littafi ya karanta halin ɗan Adam ba.

Sa'ad da ya shigo, sana'ar ma jaririya ce. A 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a Kano, wanda ake lissafawa a matsayin fim ɗin bidiyo na Hausa na farko da ya shiga kasuwa. Sunan Kannywood kansa sai a ƙarshen shekarun 1990 Sunusi Shehu Daneji ya raɗa shi a mujallar Tauraruwa, mujallar Fim kuma ta fara fitowa a 1999. Fim ɗin 'Yar Mai Ganye ne ya fito da Ibro idon duniya a daidai wannan zamani. Kafin a ce kwabo, kasuwa ta rabu gida biyu: finafinan soyayya masu rawa da waƙa irin su Sangaya da Wasila a gefe guda, finafinan barkwanci da ake kira camama a ɗaya gefen. A gida na biyu babu mai ja da Ibro.

Yadda kaset ke isowa

Hanyar da ta taso daga Kano ta bi ta Bichi da Tsanyawa, ta ratsa Gidan Mutum Ɗaya ta iso Kankiya kafin ta miƙe Katsina, ita ce ta riƙa kawo shi. 'Yan kasuwa su saro kaset a Ƙofar Wambai ko Bata, su ɗora a mota tare da atamfa da takalma da batir, kafin magariba sabon fim ya sauka. Daga Kankiya masu babur da masu keke su rarraba shi ƙauyuka.

Wanda ya girma a yankin a farkon shekarun 2000 ya san gidan kallo: rumfar kwano ko ta zana, bencina a jere, talabijin a kan tebur mai tsawo, janareta yana kuka a bayan katanga, ga allo a bakin ƙofa an rubuta sunan fim da alli. Mai gidan kallo ya san lissafinsa. Fim ɗin Indiya yana da tsawo, yana shan mai. Na Amurka da na Cana sai samari. Amma in ya rubuta Ibro a allo, yara da magidanta da dattijon da ya ce shi wucewa kawai zai yi, duk sai sun leƙo. A cikin gida kuwa, matan da ba sa fita su ne manyan masu ciniki. A aiki yaro shagon haya ya karɓo kaset, maƙwabta su taru a ɗakin wadda ke da bidiyo, a kalla, a mayar baya a sake kallon wurin da ya fi ba da dariya. Bayan kaka, in an sayar da gero da wake da gyaɗa, aka shiga bukukuwan aure, bidiyo da talabijin suka zama cikin kayan ɗakin amarya a gidajen masu hali, kuma kaset ɗin Ibro na cikin abin da ake fara sakawa a ciki.

Akwai wani abu da ba a cika faɗa ba. Fim ɗin soyayya yakan sa uba ya tashi ya bar ɗaki in an fara rawa, ko ya kashe talabijin ɗin ɗungurungum. Na Ibro kuwa, galibi ana iya kallonsa da suruki a zaune. Ba wai ba ya sakin baki ba ne, yana yi. Amma duniyar da yake nunawa ta gida ce: rigimar kishiyoyi, bashin mai koko, gardamar gado, maigidan da ya ɓoye tsire a aljihu don kada iyali su gani. Ba wanda zai ce bai san irin waɗannan mutane a unguwarsu ba.

Gwanintar da aka raina

Doguwar jar hula, riga wadda ba ta kai ba ko ta wuce, ido a zazzare, baki a karkace, da wata murya mai hawa sama ta karye in an ƙure shi. Wannan shi ne Ibro a ido. Amma gwanintar tana can wani wuri, a sanin lokaci. Ya san daƙiƙar da zai yi shiru, ya san inda zai juyo ya dubi abokin wasa, ya san sa'ad da ƙarya za ta ƙare masa ya koma lallashi. Yawancin finafinan camama ba a rubuta musu magana kalma bayan kalma. A faɗa wa 'yan wasa gundarin abin da zai faru, a kunna kyamara, sauran ya rage nasu. Mutumin da zai yi shekara goma sha yana cika kaset bayan kaset da maganar da ke fitowa daga kansa nan take, ana dariya daga Kano har Maradi da Damagaram, har zangon Kumasi da Akara, ba ƙaramin mai fasaha ba ne.

Kuma ba daga sama ya faɗo ba. Kafin kyamara akwai 'yan kama, masu kwaikwayon wa'azin malamai da zancen tuwo da miya. Akwai 'yan gambara a kasuwa, akwai wawan sarki a fada, wanda shi kaɗai ke iya faɗa wa mai gari abin da waziri ba zai iya ba. Akwai tashe a watan azumi, inda yaran Kankiya da Kusada har gobe suke manna gemun auduga su fito a tsoho, ko su rataya tarkace su fito a mai magani. Da rediyo da talabijin suka zo, aka sami su Samanja Mazan Fama da Ƙasimu Yero a Kaduna, Karkuzu a Jos, Golobo a Sakkwato, Hankaka a Kano. Mu nan Katsina muna da Umaru Ɗanjuma Katsina, Kasagi, marubucin wasan Kulɓa Na Ɓarna. Waɗancan duk sun yi aiki ne a ƙarƙashin gidajen gwamnati, da lokacin da aka yanka musu a mako. Ibro ya ɗauki wannan gado ya kai shi kasuwa, inda babu albashi, babu mai riƙe ka sai mai saye. In ba ka ba da dariya ba, kaset ɗinka ya yi ƙura a shago.

Bai tsaya a ƙauye kaɗai ba, ya riƙa janyo duniya yana shigo da ita ƙauyen. Da waƙoƙin Awilo Longomba na Kwango suka cika gari, sai ga Ibro Awilo. Bayan harin 11 ga Satumba, 2001 a Amurka, sai ga Ibro Usama, daga baya ga Ibro Saddam. Abin da manya ke tattaunawa a BBC da Muryar Amurka da fuska a murtuke, shi sai ya sa masa rawani da gemun roba ya kawo shi ƙofar gida. Ya yi wa finafinan Indiya ma haka, ya kwaikwayi rawarsu da kukansu har mai son su ya yi dariyar kansa. A fagen waƙa kuwa muryar Sadi Sidi Sharifai ta dace da bakinsa ƙwarai, har mutane da yawa suka ɗauka shi ne ke rerawa. Waƙoƙin Bayanin Naira da Idi Wanzami sun zaga gidajen biki da wayoyin 'yan acaɓa shekara da shekaru. Ga kuma ayarin abokan wasa, su Kulu da Tsigai da Dumɓaru, su Baba Ari da Ciroki da Ɗan Gwari da Daushe da Bosho, waɗanda da yawansu a inuwarsa suka yi suna.

Ba zan ce duk abin da ya yi daidai ne ba. Finafinan sun yi yawa, wasu an yi su cikin gaggawa, hoto ba kyau, sauti na tashi yana faɗuwa, labarin ya ƙare ba tare da ya je ko'ina ba. Akwai kuma wasannin da aka gina kan kwaikwayon hausar Bagwari ko Bafulatani, ko kan makanta da gurguntaka. Masu kare shi sukan ce ai wasan taubasai ne, irin na Katsinawa da Nufawa, ko Fulani da Barebari. Akwai gaskiya a ciki, amma wasan taubasai yana da sharaɗi: wanda ka tsokana yana gabanka, zai rama. A kaset ba ya iya ramawa. Wannan suka ce da ta dace, kuma mai ƙaunar Ibro ba ya bukatar ya guje mata. Abin da bai dace ba shi ne a tattara aikin mutum na shekaru a kira shi shirme, a rufe littafi. Mu da muke maƙwabtaka da Musawa, garin Mamman Shata, mun san yadda aka daɗe ana yi masa kallon maroƙi kawai, kafin Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa a 1988.

Shekarar da gandiroba ya koma ciki

A 2007, bayan ɓullar wani hoton bidiyo na waya da ya tayar da ƙura a Kano, gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim shugaban Hukumar Tace Finafinai, hukumar da aka kafa tun 2001. Aka dakatar da ɗaukar fim na wasu watanni, aka fito da sababbin ƙa'idoji, kotun tafi-da-gidanka ta shiga aiki. An ɗaure Adam A. Zango a 2007 kan faifansa na Bahaushiya. A ƙarshen 2008 an ɗaure Hamisu Lamiɗo Iyan-Tama kan fim ɗin Tsintsiya. Tsakanin waɗannan biyu, a watan Oktoba na 2008, aka gurfanar da Ibro tare da Lawal Ƙaura kan fim ɗin Ibro Aloko, aka yanke musu wata biyu a gidan yari. A gari kuwa mutane sun yi ta cewa ainihin laifin wata waƙa ce da ake ganin ta yi wa masu mulki shaguɓe.

Kowa na da ra'ayinsa kan wancan zamani, kuma gaskiya ne iyaye da yawa, har a nan yankinmu, sun goyi bayan a tsaftace sana'ar. Amma mutumin da ya yi shekara takwas yana riƙe da mabuɗi, a wayi gari an kulle shi saboda wasan dariya, abu ne mai ciwo. Dubban 'yan fim da masu shaguna sun tagayyara a lokacin, da yawa suka kwashe kayan aiki suka koma Kaduna da Jos. Ibro ya fito ya ci gaba da sana'arsa, kuma kasuwarsa ba ta faɗi ba.

Wannan ƙaddara ba a ƙasar Hausa kaɗai take samun masu ban dariya ba. A ƙasar Cek da ke tsakiyar Turai an yi wani ɗan wasa mai suna Vlasta Burian, wanda aka haifa a 1891, mutanensa suna kiransa sarkin masu barkwanci. Ya taɓa zama mai tsaron gida a ƙungiyar ƙwallon Sparta ta birnin Prag, ya kafa gidan wasan kwaikwayo nasa na kansa, ya cika silima da finafinai a shekarun 1930. Shi ma an san shi da barin rubutaccen labari ya kama nasa zancen a gaban kyamara. Da Yaƙin Duniya na Biyu ya ƙare a 1945, aka kama shi bisa zargin ya yi hulɗa da Jamusawan da suka mamaye ƙasar, aka tsare shi, aka ƙwace gidan wasansa, aka hana shi sana'a har zuwa 1950. Ya rasu a 1962. Sai a 1994 aka wanke sunansa a hukumance, daga baya aka mayar da ƙasusuwansa maƙabartar Vyšehrad, inda ake binne manyan ƙasar. Mutanensa sun zalunce shi, sun kuma makara wajen gyara. Amma abu ɗaya suka yi wanda mu ba mu yi ba: sun adana aikinsa. Ƙasar tana da gidan ajiyar finafinai tun 1943, shi ya sa jikokin waɗanda suka kalli Burian a silima suke kallonsa yau a talabijin, hoto tas, da sunan kowane fim da shekararsa.

Abin da ya rage a hannu

Ibro ya rasu bayan fama da ciwon ƙoda, a daidai gaɓar da kasuwar da ya gina ta fara rushewa. A shekarar ce tashar Arewa24 ta fara aiki. Faifan CD ya riga ya kori kaset, shi ma kuma waya da katin memori suna shirin korar sa. Cikin 'yan shekaru shagunan haya a Kankiya suka koma wurin cajin waya da turin finafinai, gidajen kallo suka koma na ƙwallon Turai. Yau saurayi zai miƙa waya a tura masa Izzar So ko Labarina, ya ce a ƙara masa da tsofaffin na Ibro. Ana tura masa, kuma ko sisi ba ya isa ga iyalan mamacin daga wannan ciniki.

Tsarin kasuwar tun asali haka yake. Ɗan wasa a biya shi sau ɗaya a wurin ɗauka. Furodusa ya sayar wa ɗan kasuwa, ɗan kasuwa ya buga iya abin da zai iya, masu satar fasaha su buga ragowar. Fim ya yi shekara ashirin ana kallo, wanda fuskarsa ke jikin kwali ba shi da kaso. Shi ya sa muke yawan jin an fito neman taimako wa tsofaffin 'yan wasa in ciwo ya kwantar da su, mutanen da suka yi wa miliyoyi hidima. Ɗansa Hannafi ya shiga sana'ar, masu kallo kuma suna neman uban a fuskarsa da muryarsa, wanda nauyi ne babba a kan kowane matashi.

Abin da ya fi damuna shi ne ɓacewar aikin kansa. Abin da ke yawo a YouTube da TikTok yawanci guntaye ne, an yanko daga faifan da ya riga ya karce, babu sunan fim, babu shekara, babu sunan darakta. Finafinan farko na zamanin kaset su ne suka fi shiga haɗari, domin zaren kaset ba ya jure zafi da ƙura da damina. Kuma an ga cewa ceto yana yiwuwa. Fim ɗin Shehu Umar na Adamu Halilu, wanda aka yi a 1976, an daɗe ana zaton ya salwanta, sai aka gano shi a ma'ajiyar Hukumar Finafinai ta Nijeriya a Jos, aka gyara shi da taimakon wata cibiya ta Jamus, aka nuna shi a bikin finafinai na Berlin a 2018. A Janairun 2024 kuma aka naɗa Ali Nuhu shugaban wannan hukuma, mutumin da ya san Ibro a fagen aiki, ya kuma san darajar abin da ke cikin waɗannan kaset.

Sai dai na Ibro ba a ma'ajiyar gwamnati suke ba. Suna cikin kwalaye a ɗakunan tsofaffin masu shagon haya, a ƙarƙashin gadon matan da aka kai su ɗaki da bidiyo a 2001, a hannun furodusoshin Wudil da 'yan kasuwar Ƙofar Wambai da suka koma wata sana'a. Garuruwa irin Kankiya da Kusada da Ingawa, inda aka fi jinkirin zubar da tsohon kaya, na iya zama inda kwafin ƙarshe na wasu finafinan yake. Aikin ba ya bukatar biliyoyi: na'urar bidiyo mai lafiya, kwamfuta, da ɗalibai daga sashen Hausa na Jami'ar Umaru Musa 'Yar'aduwa ko ta Bayero da za su bi gari gari su karɓi aro, su kwafa, su rubuta sunan fim da shekara da waɗanda suka fito a ciki, su mayar wa mai kaya kayansa. Abokan wasansa da dama suna raye, su ne za su iya faɗin wane fim aka fara yi, a wane ƙauye aka ɗauka, nawa aka biya. Ya kamata a zauna da su da na'urar ɗaukar magana tun yanzu, a kuma yi yarjejeniya a rubuce da iyalansa kan kason da zai riƙa isa gare su duk lokacin da wata tasha ta nuna abin da aka ceto.